Saye ɗaya, gida uku: daga Gusau zuwa Tsafe da Bungudu

Jama'a ku matsa mini in yi yabo, don yau bakina ba zai rufu da wuri ba. Masu sharhin gem sun gama zuba wa PS5 kirari a kan kyawun hoto da saurin buɗewa da fad mai rawa a tafin hannu, kuma ban musa musu ko ɗaya ba. Ni dai gwanina wani ɗan saiti ne da ke maƙale can cikin lungu, wanda ba a buga hotonsa a jikin kwali, ba a kuma yi masa talla a talabijin. A PS5 an rubuta masa suna Console Sharing and Offline Play. A PS4 kuwa shi ne abin da 'yan gem suke kira firamare. Albarkacinsa gem ɗin da aka saya sau ɗaya a Gusau yake tashi a ɗakin ƙanena a Tsafe, ya tashi a ɗakin ɗan baffana a Bungudu, a dare ɗaya, a sa'a ɗaya, kowa da fad ɗinsa a hannu. Duk wanda ya zauna ya tsara wannan abu, wallahi ya ci tukwici.

Kafin a ce na cika zaƙewa, a zo mu yi lissafi. Gem ɗin ƙwallon nan da har gobe muke kira FIFA, duk da cewa tun 2023 kamfanin EA ya raba gari da hukumar ƙwallon ya koma kiransa FC, kuɗinsa dala 70 ne ranar da ya fito. A watan Yunin 2023 aka saki naira ta nemi matsayinta a kasuwa, kafin ƙarshen Fabrairun 2024 dala ɗaya ta haura naira 1,500. A kan wannan farashi, dala 70 ta kama naira 105,000. Mafi ƙarancin albashin da aka sa wa hannu a watan Yulin 2024 kuwa naira 70,000 ne. Wato gem ɗaya ya cinye albashin wata na ƙaramin ma'aikaci, ya kuma biyo shi bashi. Ga shi duk ƙarshen Satumba sai sabo ya fito, na bara ya zama tsohon yayi, 'yan wasan ciki duk sun sauya kulob. In mu uku kowa zai sayi nasa, an tashi sama da naira dubu ɗari uku a kan abu guda. Da wannan saiti, dubu talatin da biyar-biyar muke haɗawa. Abin nema ya samu.

Yadda abin yake aiki ba shi da wuya, sai dai mutane da yawa suna juya shi baibai. In ka sayi gem ta intanet, ba na'urarka ce ta mallake shi ba, asusunka ne. To Sony ta ba kowane asusu dama biyu. Ta farko, ka zaɓi na'ura ɗaya ka ce wannan ce ta gida. Duk wanda ya zauna gabanta, da nasa asusun, zai buɗe duk gem ɗin da ka saya, ko da intanet ko babu. Ta biyu, kai mai asusun kana iya shiga kowace na'ura a duniya ka buga kayanka, da sharaɗin akwai intanet da za a riƙa tabbatar da lasisinka. Kun ga inda daɗin yake? Ka ba ɗan'uwanka dama ta farko, kai ka riƙe ta biyu. Shi ya buga da sunansa, kai ka buga da naka, lokaci guda, har ku kara da juna in kun so. Kowa da inda ya tsaya a labarin gem ɗinsa, kowa da kofunan da ya tara, babu mai taka na wani.

Sai kuma garaɓasar da ta sa muka zama mu uku. Gurbin PS4 daban yake da gurbin PS5. Asusu ɗaya yana iya naɗa PS4 guda a matsayin firamare, ya kuma kunna rabon a PS5 guda, ba tare da ɗayan ya ture ɗaya ba. Ɗan baffana yana nan da tsohuwar PS4 ɗinsa a Bungudu, sai ya ɗauki gurbin farko. Ƙanena da ya yi ƙoƙari ya sayi PS5 a Tsafe, ya ɗauki na biyu. Ni kuma a Gusau, inda sabis ya fi ƙarfi, nake shiga ta intanet. Abin ya yi mini kama da gandu: gona ɗaya, rumbu ɗaya, mabuɗi a hannun babba, amma kowane ɗaki ana ɗora tukunya. Illa dai shi wannan rumbun, ko an ɗiba hatsinsa ba ya raguwa.

Har PlayStation Plus yana bin sahu. Wannan shi ne kuɗin wata ko na shekara da ake biya kafin a buga yawancin gem na saye da mutanen nesa. Mutum ɗaya ya biya, duk wanda ke kan na'urorin da aka naɗa ya samu izinin shiga fili, ya kuma buɗe gem ɗin da ake bayarwa duk wata. Abin da ba ya ƙetarewa shi ne kuɗin cikin gem, irin makin da ake sayen 'yan wasa da shi a FC, da ma'ajiyar intanet inda ake adana ci gaban wasa. Waɗannan na mai asusu ne shi kaɗai, kuma ni ban ga laifin haka ba.

Yanzu ga maganar da ta sa na ɗauki alƙalami. Wa ya kamata a ba wa firamare? A Turai da Amurka wannan ba tambaya ba ce, don intanet ɗinsu ba ya ɗaukewa. A Zamfara kuwa mun ga amsar da idonmu. Ranar 3 ga Satumban 2021 hukumar sadarwa ta ƙasa, NCC, ta umarci kamfanonin waya su rufe sabis a faɗin jihar, bisa buƙatar gwamnatin Bello Matawalle, domin yaƙi da 'yan bindiga. Aka ce mako biyu. Aka rufe kasuwannin mako, aka hana sayar da fetur a jarka. Wayoyi suka koma tocila da agogo. Mutane suka riƙa niƙar gari zuwa Funtua don kawai su kira 'yan'uwa, kafin ita ma Funtua a haɗa ta cikin ƙananan hukumomi 13 na Katsina da aka yanke wa layi. Ba ina nufin gem ne damuwar jama'a a lokacin ba. Rayuka ake magana, da abinci, da 'yan'uwan da ba a san halin da suke ciki ba. Amma wanda ya zauna da matasa a gida a waɗannan makonni, babu waya, babu fita da dare, ya san darajar duk abin da zai zaunar da yaro wuri ɗaya.

A lokacin PS4 biyu ne kawai gare mu, tawa a Gusau da ta Bungudu, kuma ta Bungudu ce firamare. Da sabis ya ɗauke, ni mai asusun, ni da na biya kuɗin, na kunna tawa na tarar da ɗan kwaɗo a jikin kowane gem da na saya ta intanet. Haka tsarin yake: in kana kan na'urar da ba ta gida ba kuma aka kasa tabbatar da lasisi, sai ta ba ka gargaɗin minti 15, daga nan ta rufe. Na koma kan tsofaffin faya-fayaina. A Bungudu kuwa ko gezau. God of War yana buɗewa, FIFA 21 yana buɗewa, Mortal Kombat 11 yana buɗewa, da 'yar sola da batir, yaran unguwa sun cika ɗaki ana ta "wanda aka ci ya ajiye fad". Sannan a duba yadda ƙarshen ya kasance. Ranar 1 ga Oktoba aka maido da sabis a cikin Gusau, ranar da jihar ta cika shekara 25 da ƙirƙirowa, kuma ranar da FIFA 22 ya fito, kamar an shirya. Kwaɗona ya buɗe. Sauran ƙananan hukumomi kuwa sai da suka ƙara jira har wajen ƙarshen Nuwamba. Da a ce ni na riƙe firamaren, da na ji daɗin wata guda, ɗan baffana kuma ya zauna a rufe kusan wata uku. Tun daga nan na tsayar da doka, kuma ina ba kowa ita kyauta: firamare na wanda sabis ɗinsa ya fi rauni ne. Mai ƙarfi ya haƙura da intanet.

Duk sa'ad da na tuna waɗannan watanni sai in tuna rigimar 2013, in ƙara gode wa Allah da yadda ta ƙare. A watan Yunin shekarar, a taron E3 na birnin Los Angeles, Microsoft ta zo da Xbox One da wani sharaɗi: dole na'urar ta leƙa intanet sau ɗaya a kowace awa 24, in ba haka ba gem ya tsaya, ko da kuwa faifan yana hannunka. Da aka tambayi shugaban sashen Xbox, Don Mattrick, yaya wanda ba shi da intanet zai yi, sai ya nuna cewa irin wannan ya tsaya kan tsohuwar Xbox 360. Sony ba ta yi wata-wata ba ta saki wani ɗan gajeren bidiyo na shaƙiyanci, inda jami'inta Shuhei Yoshida ya miƙa wa abokin aikinsa Adam Boyes faifai hannu da hannu, wai ga yadda ake ba aboki aron gem a PS4. Duniyar gem ta kwashe da dariya. Kafin watan ya ƙare Microsoft ta janye sharaɗin, ba a jima ba Mattrick ya bar kamfanin. A yi tunanin da wancan tsari ne ya yi nasara ya zama al'adar kowa. Da a Satumban 2021 babu na'ura ɗaya da za ta yi motsi daga Tsafe har Talata Mafara. Abin dariyar shi ne, a cikin shirin da Microsoft ta janye har da damar raba gem da mutum goma na iyali, wanda shi kam alheri ne. Ya bi ruwa tare da sauran.

Sony ma ba waliyyiya ba ce, kada a ce so ya rufe mini ido. A zamanin PS3 na'ura biyar ake iya ɗora wa asusu ɗaya, mutane suka mai da abin kasuwa, sai a Nuwamban 2011 aka rage zuwa biyu. Wanda ya riski wancan zamani yana da hujjar yin tsaki. Ni dai abin da ya rage ɗin ya ishe ni godiya.

Akwai wani abu kuma da mai zama Legas ko Abuja ba zai gane ba sai an yi masa bayani, wato hanya. Da can faifai muke yawo da shi. In na gama gem, sai in naɗe shi a leda, in kai tasha, in damƙa wa direban da na sani, in kira ƙanena in ba shi lambar mota. Wata rana ya isa lafiya, wata rana ya isa da zane a bayansa, a kai tsakiyar wasa ya tsaya cak. In kuma shi yana so ni ma ina so, sai rigima, don faifai ba ya rabuwa biyu. Bungudu kusa take, kan hanyar Sakkwato, ana iya zuwa a dawo kafin la'asar. Amma hanyar Gusau zuwa Tsafe, wadda ta wuce ta Kwatarkwashi ta miƙe Funtua, kowa ya san sunan da ta yi a shekarun nan. Mutum yana binta don aiki, don jinya, don biki ko ta'aziyya, da addu'a a bakinsa. Babu mai hankalin da zai ce wa ƙanensa ya hau ta don karɓar faifan gem. Yanzu ina zaune a ɗakina in biya, in danna a manhajar PlayStation ta waya, gem ya kama sauka a Tsafe, muddin na'urarsa tana jone da wuta da intanet. Hausawa sun ce zumunta a ƙafa take, kuma gaskiya ne, amma ranar da ƙafa ta kasa, mun samu abin da ke riƙe mana ita kafin hanya ta yi kyau.

Ranar farko da muka kunna a PS5 ɗin ƙanena, ya koma kan nasa asusun, ya ga jerin gem sun fito babu kwaɗo ko ɗaya, sai ya miƙe tsaye. "Yaya, wanga abu gaskiya ne? Duka munka samu?" Na ce duka. Ya ce, "To wallahi ka shirya, yau sai na rama cin da ka yi mini tun ina ƙarami." Ya kuwa rama. Yaron nan in ya ɗauki Galatasaray, ƙwallo ɗaya ya sani, a ɗaga wa Osimhen sama, kuma duk da na san abin da zai yi ban taɓa iya hana shi ba. Ni mutumin Lookman ne tun daren nan na Mayun 2024 da ya zura uku rigis a wasan ƙarshe na Europa. Na Bungudu kuwa ba ruwansa da kishin ƙasa, Real Madrid yake ɗauka ko kunya babu, in an yi magana ya ce, "Yaya, ai ba a zuwa yaƙi da sanda."

Wani ɗan sirri ga masu irin haɗinmu. FC na PS5 ba ya karawa da FC na PS4, kowane zamani da filinsa. Amma wanda ake saye ta intanet yana zuwa da nau'i biyun a kuɗi ɗaya, kuma PS5 tana buga gem ɗin PS4. Don haka daren da muke so mu haɗu mu uku, sai mu masu sabuwar na'ura, ni da ƙanena, mu sauko mu buɗe na PS4. Hoton ya ɗan ragu, amma wa ya damu? A sashen Clubs, inda kowa ke riƙe ɗan wasa ɗaya a ƙungiya ɗaya, nan ake jin daɗin duniya. Ni a tsakiya ina rabo, Tsafe a gaba, Bungudu a baya yana ta ihu a kunne wai mun bar shi shi kaɗai. Gari uku, ƙungiya ɗaya, kuɗin gem ɗaya. Wani lokaci sabis ya yi nauyi, ɗan wasanka ya tsaya kamar an dasa shi, ka dawo ka tarar an ci ku biyu. Wani lokaci a ɗauke wuta a ɗaya daga cikin garuruwan ana tsakiyar hari. Mu yi dariya, mu sake.

Ba ƙwallo kaɗai ba. Rabon nan ya sa mun ɗanɗani gem ɗin da da ba za mu taɓa kusantarsu ba, don in kuɗi ya kasu uku, zuciya tana yin ƙarfin gwada sabon abu. Red Dead Redemption 2 na 2018, Allahu Akbar! Duk Bahaushen da ya tashi yana kallon hawan sallah, ya ga yadda aka yi dawakin gem ɗin nan, yadda doki ke huci, yadda yake firgita in ya ji maciji, yadda sai ka goge shi ka ba shi abinci kafin ya saba da kai, zai san waɗanda suka yi shi sun zauna da dawaki. Ɗan baffana ya yi makonni bai taɓa labarin gem ɗin ba, kiwon doki kawai yake yi. Ghost of Tsushima na 2020 kuma ƙanena ya riga ni gamawa, ya riƙa kirana yana yi mini barazanar zai faɗa mini ƙarshensa in ban tura masa kuɗin data ba. Da faifai ne, da sai ɗaya ya gama ɗaya ya fara, hirar ta huce. Yanzu tare muke tafiya cikin labari, ana gardama a kan wanda ya fi wani wayo.

Data ita ce ƙashin bayan wahalar, ba zan ɓoye ba. Red Dead ɗin nan kaɗai ya kai gigabait 100, kuma a farkon 2025 NCC ta amince a ƙara kuɗin kira da data da kashi 50 cikin ɗari. Lasisi ake rabawa, ba saukewa ba, kowace na'ura sai ta sauke nata. Dabararmu ita ce hadis na waje, wato ma'ajiyar da ake jonawa da na'ura, irin mai USB 3.0, daga gigabait 250 zuwa sama. Gem ɗin PS4 da aka zuba a cikinsa yana tashi a wata PS4 ɗin, yana tashi a PS5, muddin na'urar tana da lasisin. Sai in sauke a Gusau cikin dare, in sun shigo gari don wata hidima su tafi da shi. Wanda bai gaggauta ba ya tsira da kuɗinsa.

Sauran kamfanonin fa? Xbox tana da irin wannan tsari, ka naɗa na'ura ɗaya ta zama ta gida, har Game Pass, takwaran PlayStation Plus, ya bi, kuma sau biyar a shekara ake yarda ka sauya. Tsari ne mai kyau, na sara masa, sai dai Xbox ba ta cika yawa a wajenmu ba, kuma ba a rabo da wanda babu. Nintendo ta fito da katin gem na intanet a Afrilun 2025, inda za ka ara wa ɗan gidanku gem na kwana 14, amma sai na'urorin biyu suna kusa da juna lokacin bayarwa, kuma in ka bayar kai ka rasa har ya dawo. Wato an dawo da wahalar faifai ba tare da faifan ba. Daga Gusau zuwa Tsafe wannan bai tsinana mini komai ba. Steam na masu kwamfuta ya buɗe tsarin iyali na mutum shida a Satumban 2024, shi ma kwafi ɗaya mutum ɗaya ne a lokaci guda. Ban da Xbox ɗin da ba mu da ita, duk cikinsu babu wanda ya ba ni abin da nake so kamar PlayStation: ni da ɗan'uwana a gem ɗaya, a lokaci ɗaya.

To amma a yi hattara, don inda duk aka ga daɗi 'yan damfara suna nan. A WhatsApp da Facebook za ka ga masu tallar "firamare" da "sakandare" na sabon gem a kuɗin da bai kai rabin rabi ba. Asusu ɗaya suke sayar wa mutane da yawa. Kai kana murna, bayan mako biyu mai asusun ya sauya kalmar sirri, ko ya shiga shafin Sony ya sauke duk na'urorin da ke kai, ka wayi gari da kwaɗo, lambarsa kuma ba ta shiga. Araha ba ta ado. Dokokin Sony ma sun hana miƙa wa wani bayanan shiga asusunka, kuma suna da ikon rufe asusun da aka mai da haja, duk abin da ke ciki ya tafi. An yi tsarin ne don iyali, mu ma a iyali muka tsaya. Ni da hannuna na shigar da asusuna a na'urorin biyu, ban karanta wa kowa kalmar sirri a waya ba. PS5 ma tana nuna lambar QR da za ka ɗauka da manhajar wayarka ka shiga ba tare da ka rubuta komai a gaban mutane ba. Na kunna tabbatarwa mai hawa biyu, na cire katin banki daga ciki, na kuma kafa musu sharaɗi ɗaya: kowa ya buga da asusunsa, kada a shiga nawa. In za ka sayar da na'ura ko ka kai ta gyara, ka sauke asusunka tukuna, domin saukewa daga nesa ta shafin Sony sau ɗaya ake yarda da ita a wata shida. In kuma kwaɗo ya fito ba dalili, akwai wurin maido da lasisi a cikin saitin asusu, kusa da inda ake kunna rabon, yawanci shi ke nan.

Masu son faifai za su ce gem na intanet ba a sayar da shi in an gaji, ba a musayarsa a kasuwa, kuma ranar da kamfani ya ga dama zai iya sauya doka, kamar yadda Netflix ta tsuke rabon asusu a 2023. Duk gaskiya ne. Amma duniyar ta riga ta juya: tun Nuwamban 2020 akwai PS5 marar wurin faifai, PS5 Pro ta 2024 ma haka ta zo, sai dai ka sayi wurin daban. Tunda can aka nufa, gara a nufa da ƙofar rabo a buɗe. Kuma faifan da za ka sayar da rabin kuɗinsa bayan wata shida, ni tun ranar farko kashi ɗaya cikin uku na biya.

Maki nawa zan ba shi? Tara cikin goma, da zuciya ɗaya. Ɗayan da na riƙe ba laifin saitin ba ne. Har yau babu Najeriya a jerin ƙasashen da ake zaɓa in za a buɗe asusun PlayStation. A Afirka kudu da Sahara, Afirka ta Kudu ce ke da kanti. Mu sai dai mu ce muna Amurka ko Ingila, mu nemi katin kuɗi na dala ko fam a hannun 'yan tsakiya da ribarsu a kai, kuma ƙasar da ka zaɓa ranar farko ba ta sauyuwa har abada. Ƙasar da ta haura mutum miliyan 200, wadda kusan kowace unguwa a Gusau, daga Tudun Wada zuwa Sabon Gari zuwa Samaru, za ka ji ihun 'yan gem a cikinta, ta wuce a ce 'ya'yanta suna aron adireshin wasu. Sony, kun yi mana rabo mun gode, kada ku taɓa shi. Saura ku buɗe mana kanti da sunan ƙasarmu, mu biya da naira.